Rajistar ɗan wasa kurma ta hannun hukumar ƙasa: yadda hidimar take da inda take tangarɗa

A cikin ayyukan Hukumar Wasannin Kurame ta Najeriya, wanda ya fi shafar ɗan wasa kai tsaye shi ne miƙa takardar gwajin jinsa ga ICSD, kwamitin duniya mai shirya gasar Deaflympics, wato wasannin kurame na duniya, da aka fara a Faris a 1924. Ɗan wasa ba ya aika takardar da kansa, sai ta hannun hukumar ƙasarsa. Komai gudunsa, in takardar nan ba ta wuce ba, ba zai taka filin gasar duniya ba.

Ƙa'idar kanta mai kyau ce, ba ta da kwana-kwana. Ana duba kunnen da ya fi ji, a auna shi a amo uku, wato 500 da 1000 da 2000 Hz (ma'aunin kaifin sauti), a haɗa a raba uku. Dole rashin jin ya kai desibel (ma'aunin ƙarfin sauti) 55 ko fiye. Wanda kunnensa mai ƙarfi ya ba da 50, 60, 65 ya samu 58, ya wuce. Wanda ya ba da 40, 50, 60 ya tsaya a 50, bai wuce ba, ko da ɗaya kunnen ya mutu murus. Nan ne iyaye da masu horarwa suka fi shan mamaki, kuma ya kamata a faɗa musu tun kafin yaro ya shafe shekara yana atisaye.

Fam ɗin ICSD na neman gwaji huɗu: jin sauti ta abin da ake sa wa a kunne, jin sauti ta ƙashin bayan kunne, awon motsin dodon kunne, da awon yadda tsokar cikin kunne ke amsa ƙara mai ƙarfi. Ba kowane asibiti ne ke da na'urorin biyun ƙarshe ba, don haka a nufi wuri irin Cibiyar Kula da Kunne ta Ƙasa da ke Kaduna, ko sashen kunne da hanci da maƙogwaro na asibitin koyarwa. A tafi da fam ɗin a hannu. Takardar asibiti ta yau da kullum ba ta maye gurbinsa, kuma gurbi ɗaya da aka bari fanko ya isa a dawo da shi.

Wasu abubuwan da kan ɓata sakamako ƙanana ne. Dattin da ya toshe kunne ko mura mai tara ruwa a bayan dodon kunne na ƙara lambar na ɗan lokaci, daga baya in an sake awo a wurin gasa ta sauko. Mai awon da bai iya maganar hannu ba kuwa, sau da yawa ɗan wasa bai gane lokacin da zai danna maɓalli ba, sai sakamakon ya fito a hargitse. A je da tafinta. Haka nan sunan ɗan wasa da ranar haihuwarsa su zo daidai da na fasfo, harafi da harafi.

Lokaci ma abin lura ne: gwajin kada ya haura shekara ɗaya, kuma ya isa ICSD wata uku kafin gasa. Da an amince, ɗan wasa na samun lambar shaida da zai riƙa amfani da ita.

Raunin tsarin shi ne ƙofa ɗaya ce tak, kuma ɗan wasan da ke Gusau ko Damaturu ya dogara ne kan saƙo ya iso shi da wuri. Abin da zai fi amfani shi ne bidiyon bayani da maganar hannu, da ranar gwaji a kowace shiyya. A wannan zaman kuma a sanar da su cewa ba a shiga fili da na'urar taimaka wa ji, ko a lokacin ɗumama jiki, don su saba da fitilar tashi da tutar alƙalin wasa maimakon usur.