Asusun Coogan: kashi 15 da ake kulle wa yaron talabijin, da inda yake yoyo

A jihar Kalifoniya ta Amurka, duk yaron da bai cika shekara 18 ba, in ya samu kwangilar fitowa a fim ko talabijin, sai an buɗe masa asusun banki na musamman da ake kira asusun Coogan. Sunan na Jackie Coogan ne, ɗan wasan fim wanda ya tara miliyoyin daloli yana ƙarami, ya kai mahaifiyarsa da mijinta ƙara a 1938 kan cinye masa kuɗin, ya tashi da dala 126,000 kacal. A 1939 aka yi dokar da ta kawo wannan asusu.

Buɗe shi ba wuya. Uba ko uwa za su je banki da takardar haihuwar yaron, da lambarsa ta Social Security (lambar shaida da gwamnatin Amurka ke ba mutum), da shaidar kansu, cikin kwana bakwai na aiki bayan sa hannu a kwangila. Banki ya ba su takardar shaida, su miƙa wa kamfanin da ya ɗauki yaron. Kamfanin ne zai cire kashi 15 cikin ɗari na jimillar kuɗin, tun kafin haraji, ya zuba cikin kwana 15 na aiki. Daga nan ba mai taɓawa sai da umarnin kotu, har yaro ya cika 18. Inda iyaye suka fi yin tuntuɓe shi ne takardar nan: in kwana 180 suka wuce ba su kai ta ba, kamfani zai tura kuɗin ajiyar Entertainment Community Fund (ƙungiyar tallafa wa 'yan wasa da a da ake kira Actors Fund), sai an bi sawu kafin a karɓo. Kuma ba kowane banki ke buɗe irinsa ba, shi ya sa da yawa suke nufar Actors Federal Credit Union, wato bankin haɗin gwiwa na 'yan wasa.

Amfanin kullen yana fitowa fili in an dubi Gary Coleman, tauraron shirin Diff'rent Strokes daga 1978 zuwa 1986, wanda albashinsa ya kai dala 100,000 a kowane kashi na shirin. Tsohuwar dokar da ke aiki a zamaninsa ba ta hawa kan kwangila sai wadda kotu ta tabbatar. A 1989 Coleman ya maka iyayen riƙonsa da mai kula da dukiyarsa a kotu kan cinye masa kuɗi, a 1993 aka yanke a biya shi kusan dala miliyan 1.3, amma a 1999 ya bayyana karayar arziki, har ya yi aikin gadi, ga ciwon ƙoda da aka yi masa dashe sau biyu. Ya rasu a 2010 yana shekara 42. Sai a Janairun 2000 gyaran doka ya wajabta cire kashi 15 ɗin, ya kuma ce kuɗin duka mallakar yaron ne.

Duk da haka kashi 15 ya yi kaɗan ƙwarai. Sauran 85 na hannun iyaye, daga ciki ake biyan haraji, da kashi 10 na wakilin da ke nemo wa yaron aiki, da kason manaja, kuma banki ba ya ganin abin da ya rage. Ribar ajiyar ma ƙanƙanuwa ce in an bar kuɗin zaune shekara goma. Abin da ya fi ɗaga hankali shi ne ranar da yaro ya cika 18 ake sakar masa komai lokaci guda, galibi daidai lokacin da aiki ya daina zuwa. Iyayen da ke son ɗansu ya tsira da wani abu su nemi a riƙa zuba fiye da kashi 15, domin doka ta ba da dama, su kuma riƙa gwada takardar albashi da bayanin banki bayan kowane biya.