Sharhi kan faifan Chaplin at Keystone

Kamfanin Flicker Alley ya fitar da shi a 2010: faifan DVD 4, ɗauke da finafinai 34 da Charlie Chaplin ya yi a kamfanin shirya finafinai na Keystone a 1914. Babu magana, sai kiɗa.

An gyara saurin hoton, kuma nan kuɗinka ya fita. Da hannu ake juya kyamarar wancan zamani, kusan hoto 16 zuwa 18 a daƙiƙa. In aka haska da 24, sai 'yan wasa su riƙa zabura kamar an tsikare su. A nan kana ganin ƙafar Chaplin ta ɗaga kafin shurin ya sauka.

Aibinsa, an harhaɗa wasu daga tsofaffin kwafi daban-daban, hoto kan dushe ana tsaka da kallo. Jifa da bulo ma ya yi yawa, kalli biyu-biyu kar ya gundure ka.