Sabunta lasisin jinya: Birtaniya ko Amurka, ina ne aikin ya fi yawa?

Sista, kin ce kina tsakanin neman aiki a Birtaniya da Amurka, kuma kina son sanin inda ya fi wahalar cika sharuɗɗan ƙarin ilimi kafin a sabunta wa mutum lasisi. Ga abin da ke ƙasa a kowane ɓangare.

Abu na farko, Birtaniya hukuma ɗaya ce ke riƙe da rajistar duk ma'aikatan jinya da ungozoma, wato NMC, kuma doka ɗaya ce daga Landan har Glasgow. Amurka ba haka take ba. Kowace jiha da hukumarta da nata sharuɗɗan, don haka tambayar "me Amurka ke buƙata" ba ta da amsa sai kin faɗi jihar. Kaliforniya na neman awa 30 na ƙarin ilimi duk shekara 2. Texas na neman awa 20 duk shekara 2. New York kuwa ba ta ɗora wa nas adadin awanni na bai ɗaya ba, sai wasu kwasa-kwasai da ta ware, kamar na hana yaɗuwar cuta a asibiti duk shekara 4, da na gane alamun cin zarafin yara.

A Birtaniya awa 35 ne cikin shekara 3. Idan kika raba, kusan awa 12 ke nan a shekara, Kaliforniya 15, Texas 10. Wanda ya tsaya a lissafin nan zai ce ai duk kusan ɗaya ne. To ba ɗaya ba ne, domin a Birtaniya awannin su ne ƙaramin ɓangaren aikin.

Tun watan Afrilun 2016 NMC ta sauya tsarinta. Cikin awa 35 ɗin, aƙalla 20 sai sun kasance karatun da kika yi tare da wasu ma'aikatan, ana tambaya ana amsawa: bita, taron ƙara wa juna sani, ko ma ta intanet muddin akwai musayar magana. Zama ke kaɗai kina kallon bidiyo yana shiga cikin 15 ɗin da suka rage ne kawai. Horon da asibiti ke tilasta wa kowa amma bai shafi aikinki kai tsaye ba, kamar na kashe gobara, ba ya shiga lissafi. Bayan wannan sai kin nuna kin yi aikin jinya na awa 450 cikin shekarun ukun, ko 900 idan kina riƙe da rajistar nas da ta ungozoma gaba ɗaya. Wannan ba abin tsoro ba ne ga mai cikakken aiki, mako 12 ya isa. Wadda ta yi dogon hutun haihuwa ko jinyar wani nata ce ya kamata ta riƙa dubawa.

Inda mutanenmu suka fi shan wuya shi ne rubutu. Ana son ra'ayoyi 5 da wasu suka bayar game da aikinki, daga majinyaci ko abokin aiki ko shugabar sashe. Sannan ki rubuta bayanai 5 a kan fom ɗin hukumar, kowanne yana faɗin abin da ya faru, abin da kika koya, abin da kika sauya, da yadda ya haɗu da kundin ƙa'idojin aiki na NMC. Misali, 'yar wani dattijo ta yi ƙorafin cewa an sallami babanta ba a bayyana mata yadda zai sha magungunansa ba. Kin zauna kin duba, kin ga kina yin bayanin ne a tsaye, da sauri, lokacin miƙa aiki. Daga ranar kika koma sa mai jinyar ya maimaita miki abin da kika faɗa kafin su fita. Wannan bayani ɗaya ke nan, kuma ba a sa suna ko wani abin da zai sa a gane majinyacin. Idan kin gama biyar ɗin, sai ki zauna da wani mai rajistar NMC ku tattauna su ya sa hannu, sannan mai tabbatarwa, galibi shugabar da ke samanki, ta duba komai a cikin shekarar ƙarshe ita ma ta sa hannu. Akwai kuma shaidar lafiya da halin kirki, da inshorar aiki wadda yawanci asibitin ke ɗauka.

A Amurka babu wannan zaman. Abin da ake kallo shi ne takardar shaida da kuma wanda ya bayar da ita. Kaliforniya na son kwas daga mai koyarwar da hukumarta ta amince da shi, lambarsa na jikin takardar, kuma ki ajiye takardun shekara 4 ko da za a zaɓo ki a bincika. Texas na son ki ajiye na zagaye uku, wato shekara 6, kuma cikin awanninki akwai na dole: awa 2 kan dokokin aikin jinya da ɗa'a kafin ƙarshen kowane zagaye na uku, da kwas kan fataucin mutane ga masu kula da majinyata kai tsaye. Wani kuskuren da ake yi a can shi ne biyan kuɗin kwas mai araha a intanet, daga baya a gano hukumar jihar ba ta san mai shi ba. A wannan fannin NMC ta fi sauƙi, ba ta da jerin masu koyarwar da ta amince da su, ita dai karatun ya dace da aikin da kike yi kuma ki iya nuna shaida.

A ganina, na Amurka ya fi kama da abin da muka saba a gida Najeriya, inda ake halartar MCPDP, wato bitar ƙarin ilimi ta dole ga ma'aikatan jinya, a karɓi satifiket a haɗa da takardun sabuntawa. Mutum zai iya cika awa 20 ko 30 a 'yan kwanaki idan ya matsu, ko da yake ban ba ki shawarar haka ba. Na Birtaniya ba ya karɓar gaggawa, saboda rabinsa yana hannun wasu: sai shugabarki ta sami lokaci, sai abokiyar aiki ta zauna da ke. Ya fi cin lokaci, amma ni na fi ganin amfaninsa ga majinyaci, don yana sa nas ta waiwayi aikin hannunta.

Idan Birtaniya kika zaɓa, buɗe fayil tun watan farko, duk bitar da kika je ki rubuta rana da awanni da abin da aka koyar, duk katin godiya ko ƙorafi ki adana bayaninsa ba tare da suna ba. Shafin nema yana buɗewa kwana 60 kafin wa'adi, wa'adin kuma ranar 1 ga watan da rajistarki za ta ƙare ne, ba ƙarshen watan ba. Idan Amurka ce, ki faɗo mana jihar, sai mu duba nata sharuɗɗan dalla-dalla.