Riyal 60 a shekara: abin da Pokémon HOME ke yi wa mai neman halitta ta halak

Pokémon HOME ba wasa ba ne, kuma duk wanda ya sauke shi yana jiran faɗa ko yawo cikin daji zai ga babu. Rumbu ne. Kamfanin Pokémon ya buɗe shi a Fabrairun 2020 domin mutum ya tara halittun da ya kama a wasanni daban-daban wuri guda, daga na Switch har Pokémon GO na waya, ya kuma yi musaya da mutanen wasu ƙasashe. Ni dai ina biyan kuɗinsa duk shekara, kuma ina ganin ya ci kuɗin, amma ba ga kowa ba. Ina gyaran waya a wani shago da ke titin Falasɗin a nan Jidda, samarinmu Hausawa 'yan Karantina da Hindawiyya kan tsaya wurina, kuma tambayar da ta fi yawa a bakinsu ita ce ta yadda ake samun halittu masu wuyar samu irin su Mew da Meltan ba tare da an sayi na jabu ba. Amsar kusan kullum sai ta bi ta HOME.

Kuɗin kashi biyu ne. Akwai na kyauta, wanda ke ba ka akwati ɗaya mai cin halitta 30. Akwai na biya mai cin 6,000: dala 2.99 na kwana 30, dala 4.99 na kwana 90, dala 15.99 na shekara. Da yake riyal 3.75 ne dala ɗaya, na shekara bai wuce riyal 60 ba, na wata kuma riyal 11 da 'yan halaloli. Asusuna na Nintendo a kan Amurka na buɗe shi, kamar yawancin waɗanda na sani a nan, don haka katin eShop na dala nake saya in loda. Ba sai kana da rajistar Nintendo Switch Online ba kafin ya yi aiki, kuma wannan ya rage wa yara nauyi sosai.

Inda na fi yaba masa shi ne maganar Meltan, domin ko sisi ba sai ka biya ba. Meltan yana cikin halittun da ba a gamuwa da su haka kawai a kan hanya. Sai ka haɗa asusunka na Pokémon GO da HOME, ka tura halitta ɗaya, ko wace iri, ko Pidgey ce, nan take GO zai ba ka wani akwati da ake kira Mystery Box. Ka buɗe shi, har tsawon awa ɗaya Meltan za su riƙa ɓullowa kewaye da kai, kuma kai kaɗai kake ganinsu, na kusa da kai ba ya gani a tasa wayar. Bayan kwana uku ka sake tura wata halitta, akwatin ya sake buɗuwa. Turawar farko kuma akwai tukuici a HOME na waya: Melmetal, wato abin da Meltan ke rikiɗa ya zama, na musamman wanda ke iya Gigantamax (zama ƙato lokacin faɗa) a wasannin Sword da Shield na Switch.

Ɗan yayata ne ya sa na ƙara ganin daɗin abin. Yana aji biyu na mutawassiɗa, wato ƙaramar sakandare, kuma wani abokinsa ya nuna masa mai tallar halittu a intanet, wai Melmetal mai ƙyalli, wato mai launi na daban da ba a cika samu ba, riyal goma. Na ce masa ya riƙe kuɗinsa, mu fita bayan Isha'i. Muka zauna a Kornish wajen da ake hangen ruwan nan na Sarki Fahad yana tashi sama, gumi na karyo mana saboda laimar teku, ya danna akwatin. Ba a jima ba sai ga na farko: ɗan mitsitsi, kansa noti ne ruwan zinariya mai kusurwa shida, da ƙwayar ido baƙa tana yawo a tsakiyar ramin, jikinsa narkakken ƙarfe fari, da jan wutsiya irin ta wayar lantarki. Yaron ya riƙe wayar da hannu biyu.

"Kawu, in ya gudu fa?"

"Ba shi Pinap tukuna, sannan ka jefa. Wani na tafe bayansa."

Pinap ɗin nan, wani ɗan itace da ake ba halitta kafin a jefa mata ƙwallon kamu, shi ne sirrin. Kowane kamu alewa uku yake bayarwa, da Pinap ta zama shida, in ka miƙa wa Farfesa Willow, malamin da ke cikin wasan GO, wanda ba ka buƙata ka ƙara ɗaya. Alewa 400 ake nema kafin Meltan ya rikiɗa ya zama Melmetal, kuma a GO kaɗai ake wannan rikiɗar. Kada wanda ya ce zai tara ta da tafiya, domin sai ka taka kilomita 20 da shi kafin ya ba ka ɗaya. Akwatin ne hanya, buɗi bayan buɗi, mako bayan mako. Ranar da nasa ya cika, har ɗakin mahaifiyarsa ya kai wayar ya nuna mata, ita da ba ta san ko mene ne ba, ta ce masa Allah ya sa albarka.

Da na ambaci yayata, dole in taɓo abin da iyaye ke tambaya. A 2001 malaman ƙasar nan sun fitar da fatawar hana Pokémon, katunansa da wasanninsa, suka kawo dalilin caca da kuma akidar rikiɗar halitta. Manyanmu da yawa ba su manta ba. A 2025 kuma kamfanin Scopely, wanda mallakin Savvy Games ne na asusun zuba jarin gwamnatin Saudiyya, ya sayi sashen wasannin Niantic, kamfanin da ya ƙirƙiri Pokémon GO, har da shi GO ɗin, a kan dala biliyan 3.5. Hukunci na malamai ne, kowane gida ya tambayi wanda ya amince da shi. Sharaɗin da yayata ta gindaya shi ne babu wasa lokacin sallah, babu zuba kuɗi a abin da ba a san me zai fito ba, kuma ina ganin ta yi daidai. A HOME kansa babu wani abu na jefa kuɗi a jira sa'a. Kuɗin ajiya ne kawai.

Abu na biyu da ya sa nake biya shi ne kyaututtukan cika kundi, wato Pokédex, jerin halittun da ka taɓa kamawa, kuma nan ne mai haƙuri ke cin riba. Tun farko an sa Magearna mai launinta na asali, ja da zinariya, ga wanda ya cika babban kundin HOME. Daga Oktoban 2024 aka fara wani sabon salo: ka cika kundin Paldea da na Kitakami da na Blueberry, duk na wasannin Scarlet da Violet, a ba ka Meloetta mai ƙyalli. A farkon 2025 aka ƙaro Enamorus mai ƙyalli ga kundin Hisui na Legends: Arceus, da Manaphy ga na Sinnoh, da Keldeo ga kundayen Sword da Shield, da Meltan mai ƙyalli ga na Let's Go. Waɗannan ba a samunsu da gajeriyar hanya. Paldea kaɗai 400 ne, Kitakami 200, kuma HOME yana duba asalin kowace halitta, sai wadda aka kama a cikin wannan wasan yake lissafawa. Ba za ka kwaso tsofaffinka na wani wasa ka cike gurbi ba. Da akwati mai cin 30 ana iya yi, a shigar a fitar, a shigar a fitar, amma wahala ce da ban so wa kowa ba. Shawarar da nake ba samari ita ce su gama kamun a cikin wasan tukuna, sannan su biya na wata ɗaya su kwashe gaba ɗaya. Ni na karɓi Meloetta, yanzu ina kan na Keldeo, kuma kundin Crown Tundra, ɗaya daga cikin na Sword da Shield, shi ya tsaya mini.

Wurin cika kundin nan GTS ke shigowa, wato kasuwar musaya. Ka ajiye abin da kake da shi, ka rubuta abin da kake so, ka tafi harkarka, ba ni gishiri in ba ka manda. Mai Scarlet ba zai taɓa kama Miraidon a nasa ba, mai Violet ba zai kama Koraidon ba, to a nan ake haɗuwa. Na kyauta halitta ɗaya yake sawa a lokaci guda, na biya uku. In ka sa abu mai hankali ka nemi tamkarsa, sau da yawa kafin ka tashi daga aiki an ɗauka. Akwai wani amfani da ba kowa ya lura da shi ba: Ditto, halittar da ake haɗawa da kusan kowace iri a samu ƙwai, wanda ya fito daga wasa na wani harshe. Tun daga X da Y na 2013, damar samun mai ƙyalli ɗaya ce cikin 4,096. In ka haɗa iyaye biyu da suka fito daga wasanni masu harshe daban, damar ƙwan ta koma kusan ɗaya cikin 683, in kana da Shiny Charm, wani abin cikin wasa mai ƙara wannan damar, ɗaya cikin 512. Ditto ɗina daga wani ɗan Japan ya zo, har yau sunansa da rubutunsu yake, kuma duk wani mai ƙyalli da na ƙyanƙyashe ta kansa ya bi.

Kasuwar ba ta rasa ƙazanta ba, gaskiya. Rabin abin da za ka gani mutane ne sun ajiye ƙaramar halitta suna neman babbar da ba ta da na biyu. Na jabu ma suna yawo a ciki, kuma a Wonder Box, inda kake turawa ba ka san me zai dawo ba, sun fi yawa. Gane su ba wuya: mataki 100, mai ƙyalli, ƙarfinsa shida duk a cike, sunansa kuma adireshin wani shafin intanet. In ka ga Victini mai ƙyalli kada ma ka tsaya tunani, ba a taɓa sakinsa ta halastacciyar hanya ba. Irin waɗannan sakinsu nake yi nan take. A Janairun 2021 kamfanin ya sanar cewa zai rufe wa masu amfani da bayanan da aka sauya hanyar shiga Sword da Shield da HOME, ba tare da mayar musu da kuɗi ba, kuma a gasar duniya ta 2023 a Yokohama an fitar da 'yan wasa saboda an samu na jabu a tawagarsu. Abin da ke ƙona mini rai da masu tallar nan shi ne yara suke nema. Yaro ya tara kuɗin karin kumallonsa, a ba shi abin da aka ƙera a kwamfuta cikin minti ɗaya, a kuma jefa asusunsa cikin haɗari.

Akwai inda HOME ya gaza, kuma ya kamata a sani kafin a biya. An raba aikinsa biyu: musaya da karɓar kyauta a waya, ɗauka da saukewa cikin wasa a Switch, don haka kullum hannunka na tsakanin na'ura biyu. Babu Larabci a cikinsa, yaran da suka tashi a makarantun nan sai an zauna da su an nuna musu. Abin da ya bar GO ba ya komawa, kuma na'urar turawar tana da cajin da ke ɗaukar mako guda kafin ya cika, masu ƙyalli da manyan halittu suna shanye shi da sauri. Ba kowace halitta ke shiga kowane wasa ba, wasu za su zauna a akwati sai ranar da wasan da ya san su ya fito. Wanda ya fi nauyi shi ne in kuɗinka ya ƙare, 30 kawai za ka iya taɓawa, sauran a kulle sai ka sabunta. Saboda haka mai wasa ɗaya tal, ko mai GO kaɗai, ya tsaya a na kyauta, ya ishe shi. Mai tsohuwar na'urar 3DS da Pokémon Bank, rumbun da ya gabaci HOME, a ciki kuwa dole sai na biya kafin ya kwaso na can, kuma tun da aka rufe eShop na 3DS a Maris 2023 ba a sauke Bank sabo, don haka kada ya goge shi.

Saura Mew, wanda kowa ke tambaya. Ba a sa shi a GTS, duk wanda ya ce ka jira shi a can ya ɓata maka lokaci. A GO ana samunsa ta binciken Farfesa Willow na A Mythical Discovery, matakai takwas, ciki har da kama Ditto da tara alewa 400 ta Magikarp. A Brilliant Diamond da Shining Pearl, wata tsohuwa a garin Floaroma za ta ba ka shi in akwai ajiyar wasan Let's Go a Switch ɗinka, tsohon da ke kusa da ita kuma ya ba ka Jirachi in akwai ta Sword ko Shield. Wannan ita ce mafi sauƙi, ko aron kaset ka yi wurin aboki ka ɗan buga ya isa. Lambar kyautar da aka raba wa masu Scarlet da Violet a Agustan 2023 ta daɗe da mutuwa. Sai Poké Ball Plus na 2018, wanda kowane sabo yake zuwa da Mew ɗaya a ciki. Ɗaya tal, sau ɗaya. Ana kawo mini na hannu a shago ana cewa in duba ko yana nan, kuma har yau ban ga wanda ba a cire ba. In kwalin a buɗe yake, ka yi cinikinsa a matsayin abin riƙe wasa kawai, kada ka ƙara ko riyal ɗaya saboda Mew.