Sharhi: na'urar RTL-SDR da eriyarta mai ƙaho biyu

Na'urar ba ta fi filasha girma da yawa ba. Ana soka ta a kwamfuta ta kafar USB, a ɗaura mata eriya a ɗaya gefen, sai ta mai da kwamfutar rediyo mai kama komai daga megahaz 24 zuwa wajen 1,700. Samfurin da na yi aiki da shi yana da guntun RTL2832U da na R820T2, kuma ya zo da gindin eriya, da ƙahoni masu zugewa iri biyu, da wayar ƙari mai mita 3. Dogayen ƙahonin suna buɗewa daga santimita 23 zuwa mita 1, gajerun kuma daga santimita 5 zuwa 13. Kaya ne mai kyau ƙwarai, amma rabin aikinsa yana ga tsawon da aka ja wa ƙahonin nan. Wanda bai san lissafin ba zai ɗauka na'urar ce ta lalace.

Akwai wani ruɗani da ya kamata a fara warwarewa. Mun saba jin "a kan mita 31 gajeren zango", mu kuma ji "a kan mita 99.5 zangon FM", kamar abu ɗaya ake aunawa. Ba haka ba ne. Na farkon tsawon zango ne na gaske, wato tazarar mita 31 tsakanin ƙololuwar igiya da ta bayanta. Na biyun yawan kaɗawa ne, sau miliyan 99.5 a daƙiƙa guda, wato megahaz 99.5. Abin da ya haɗa su shi ne gudun haske, kusan kilomita 300,000 a daƙiƙa, wanda duk igiyoyin lantarki da maganaɗisu ke tafiya da shi a sarari. Tunda gudun ba ya canzawa, in kaɗawa ta ninka, dole zango ya ragu da rabi. A aikace, raba 300 da adadin megahaz, abin da ya fito shi ne tsawon zango a mita. Tashar 99.5 zangonta mita 3 ne, tashar mita 31 kuwa tana kaɗawa a wajen megahaz 9.6.

Kowane ƙaho yana son rubu'in zango, a rage kashi biyar cikin ɗari saboda igiya ba ta bin ƙarfe daidai yadda take bin sarari. Don FM ke nan santimita 71. Maganar matuƙa jirgin sama da hasumiyar filin jirgi, wadda ke tsakanin megahaz 118 da 137, tana son wajen santimita 57 kuma a tsaye, ƙaho ɗaya sama ɗaya ƙasa. Siginar da jirage ke sanar da matsayinsu da ita tana kan megahaz 1,090, zangonta santimita 27.5, don haka a nan gajerun ƙahonin ake ɗaurawa a tura su ciki duka, domin su kusanci santimita 6.5. A fara awo daga tsakiyar gindin, domin akwai kusan santimita 2 na ƙarfe a ɓoye cikin robar. A FM santimita biyu ba komai ba ne. A 1,090 kuwa kusan kashi ɗaya cikin uku ne na ƙahon baki ɗaya, kuma nan da nan za a ga adadin jiragen da ke bayyana a allo ya ragu.

Abin da ya fi burge ni shi ne yadda ake ganin wannan ƙa'ida da ido. A manhajar SDR++ ko SDR#, kama tashar FM mai rauni, sannan ka riƙa tura ƙahonin ciki kaɗan-kaɗan. Tsinin siginar zai yi ta nutsewa cikin hayaniya har ya kusa ɓacewa, in ka mayar da su ya sake miƙewa. Malamin da ke koyar da igiyoyi da wuya ya sami gwaji mai sauƙi da ya fi wannan.

Saitin ƙahonin yana da giɓi. Ƙananan na'urori da yawa, irin su ma'aunin zafi mara waya da rimot ɗin ƙofa, suna aiki a megahaz 433, inda rubu'in zango ya kama santimita 16 zuwa 17. Gajeren ƙaho bai kai nan ba ko an zuge shi duka, dogon kuma ya wuce ko an tura shi duka. Mafita ita ce a ja dogon zuwa kusan santimita 50, wato rubu'i uku, wanda shi ma yana amsawa. Yana aiki, sai dai ba ya jin kowane ɓangare daidai-wa-daida.

Wayar ƙarin siririya ce, kuma asarar waya tana hawa tare da yawan kaɗawa. A FM ba za a lura ba, amma a 1,090 mita ukun nan na iya cinye kusan rabin ƙarfin siginar. Gara a kai na'urar kusa da eriya a tsawaita ta ɓangaren USB. Wannan ma yana nisanta ta da hayaniyar kwamfutar.

Matsalar da za a fi cin karo da ita ita ce tashoshin bogi. Guntun RTL2832U yana auna sigina da bit 8 kacal, wato matakai 256, don haka tashar FM mai ƙarfi a kusa tana cika shi, sai muryarta ta riƙa ɓullowa a wuraren da ba nata ba, har cikin zangon jiragen sama. A kashe tsarin da ke ƙara ƙarfi da kansa (AGC), a riƙa ɗaga shi da hannu har hayaniyar ƙasa ta fara tashi, sannan a ɗan koma baya. In abin bai tafi ba, a sa matacin da ke toshe megahaz 88 zuwa 108 tsakanin eriya da na'ura. Faɗin abin da ake gani a lokaci guda a bar shi a megahaz 2.4, domin sama da haka sauti yakan fara yankewa.

Gajeren zango kuwa wannan eriya ba tasa ba ce. Rubu'in mita 31 ya haura mita 7, ƙaho mai mita ɗaya ba zai ɗauko abin kirki ba. Sai an shimfiɗa waya mai mita 10 ko fiye a waje, an kuma kunna yanayin ɗauka kai-tsaye a manhaja, wanda ke kama abin da ke ƙasa da megahaz 24, inda tashoshin da ke sama da megahaz 14.4 ke haɗuwa da inuwar na ƙasa da shi.

Ta sama, iyakarta zangon santimita 17 zuwa 18 ne. Wi-Fi na gigahaz 2.4, mai santimita 12.5, ya fi ƙarfinta. Hasken rimot ɗin talabijin mai nanomita 940, wanda ke kaɗawa sau tiriliyan 319 a daƙiƙa, ƙa'idar nan ɗaya yake bi, amma kama shi aikin wata na'ura ce dabam. Ita wannan karɓa kawai take yi, ba ta aikawa. Ga ɗalibi, ko mai gyaran rediyo, ko mai son bin jirage a taswira, ina ba da shawarar a saye ta, a haɗa da tef ɗin awo da matacin FM tun farko.