Mai valiz ya daidaita mini sitiyari, amma sau biyu na biya

Daga tashar jirgin ƙasa ta Ngawundare na ɗauko Hajiya, mahaifiyata, a ranar. Ta kwana a jirgi tun daga Yawunde, duk ta gaji, tana zaune a baya ita da ƙanwata, muka kamo hanyar Garwa da hantsi. Duk mai bin hanyar nan ya san gangaren dutsen da ake saukowa kafin a kai Mbe, kwana bisa kwana, ga manyan motoci masu zuwa Njamena ba sa yankewa. Ina cikin wata kwana ta hagu, ba gudu nake yi ba, ƙafata ma ba ta kan birki, sai na ji motar ta yi gurnani daga gaba, gurrr, ta kama birki da kanta a taya ɗaya. Kanta ya fizga gefe. Ƙararrawa ta hau kuka, fitilar nan mai hoton mota da layuka biyu a karkace ta shiga ƙyaftawa. Na taka totur, babu ƙarfi. Na ɗaga ido na dubi madubi, ban ga komai ba sai goshin wata tankar mai, direban ya danne oda bai ɗaga ba.

Abin bai wuce ƙiftawa da bismilla ba, amma har yau in na tuna sai gabana ya faɗi. Hajiya salati kawai take yi. Da na samu wuri na gangara gefen kwalta na tsaya, hannuna rawa yake, na kasa zare makulli. Ta ce, "Ɗan nan, barci ne ya ɗauke ka?" Na ce wallahi Hajiya idona biyu, motar ce. Ba ta ce komai ba, amma na san ba ta yarda ba. Daga nan har Garwa a hankali na lallaɓa, kuma sau biyu ta sake yi mini, duk a kwana.

Motar RAV4 ce ƙirar 2008, shekarata huɗu da ita, ba ta taɓa yi mini haka ba. Kwana goma kafin tafiyar na faɗa wani rami wajen Ngong, ruwan sama ya rufe shi ban gani ba, sandar da ke haɗa sitiyari da tayar dama ta lanƙwashe. Makanikena na unguwa ya canja ta, ya ja igiya daga tayar baya zuwa ta gaba, ya duba da ido, ya ce shi ke nan. Da na hau titi sai na ga mota tana tafiya sak, amma sitiyarin a karkace yake. Na koma na faɗa masa. Ya ce, "Alhaji, ba komai, tunda ba ta jan gefe. In ya dame ka mu zare sitiyarin mu mayar da shi daidai." Ina sauri a lokacin, na ce a bari sai na dawo.

Bayan abin da ya faru, mutum uku na kai wa motar. Na farko ya soka ɗan ƙaramin abin nan da ake haɗawa da wayar hannu, ya ce babu wata matsala a kwamfuta. Daga baya na gane irin wannan injin kawai yake karantawa, ba ya shiga ɓangaren birki da sitiyari. Na biyu ya ce a cire fis ɗin abin da ke kama birkin da kansa, a huta. Na uku, mai sayar da kayan gyara ne, ya ce sai an canja na'urar da ke auna juyin sitiyari, wadda ake kira kaftar, in ma so samu ne a canja sandar sitiyarin ɗungurungum, zai sa a aiko daga Duwala. Kuɗin da ya faɗa ya kusa kuɗin tayoyi huɗu sababbi.

Wani abokin kasuwancina ne ya ce kafin in kashe ko sisi in je wajen yaron nan mai valiz, wato kwamfutar da ake sokawa a mota ta faɗi abin da ke damunta. 'Yan Garwa masu irin motocin nan sun san wanda nake nufi. Shagonsa ɗan ƙarami ne, babu jak, babu rami, teburi ne da benci da batura biyu a ƙasa. Shi kansa yaro ne, na girme shi nesa ba kusa ba. Ya saurare ni har na gama bai katse ni ba, wannan ya fara burge ni. Sai ya durƙusa ya soka waya a ramin nan mai baki 16 da ke ƙarƙashin sitiyari, wajen gwiwar direba, ya shiga daddanna allon. Lamba ta fito, C1290. Ya ce ma'anarta kwamfutar birki ba ta yarda da inda tsakiyar sitiyari take ba.

Abin da ya yi bayan nan shi ne ya sa nake wannan rubutu. Ya ce, "Baba, shiga ka ja, ni zan zauna a gefe." Muka hau titi miƙaƙƙe, ya juyo mini da allon. Mota tana tafiya ɗoɗar, amma lambar da ke allon tana cewa sitiyari ya juya digiri 13. Ya ce ka gani? Ita kwamfutar ba ta da ido, ba ta ganin titi. Abu uku take saurare: yadda ka juya sitiyari, gudun kowace taya, da wata na'ura da ke jin yadda jikin mota ke juyawa. In sitiyari ya ce an juya da yawa, jikin mota kuma ya ce kaɗan ya juya, sai ta ɗauka santsi ne ya kwashe ka. Sai ta rage wa inji ƙarfi, ta kama birki a taya ɗaya don ta dawo da kai hanya. Abin da aka yi don ya cece ka a kan laka, shi ne ya kusa jefa ka gaban tanka, saboda an ba shi labarin ƙarya. Kaftar ɗinka lafiyarta ƙalau, gaskiya take faɗa, sitiyarin ne a karkace.

Na ce to a zare sitiyarin a mayar daidai, kamar yadda makanike ya ce. Ya girgiza kai. Ya ce in aka yi haka mota za ta riƙa juyawa gefe ɗaya fiye da ɗaya, kuma a bayan sitiyarin akwai wata siririyar waya a naɗe kamar faifai, ita ke kai wuta ga oda da jakar iskar da ke fashewa lokacin haɗari. Juyi biyu da rabi take yi kowane gefe. In yaron gareji ya murza ta ta goce daga tsakiya, ranar da ka kai sitiyari ƙarshe za ta tsinke. Gyaran a ƙasa yake, wajen sandunan taya. Ya tura ni in je a yi faralelizim, wato daidaita tayoyin gaba, a kan na'ura, a kulle sitiyari a tsakiya kafin a taɓa noti, sannan in dawo.

Gaskiya na ji daɗi. Mutumin da zai iya sayar mini da kaftar, in biya ina godiya, ya ce mini ba na bukatarta.

Washegari da yamma na dawo. Gaban shagonsa yashi ne kuma a gangare, ya ce ba za a yi a nan ba, sai wuri shimfiɗaɗɗe. Muka je wani tsohon gidan mai da ke da daɓen siminti. Ya gwada iskar tayoyi huɗun da kansa. Ya auna batir ya ce ya yi sanyi, zafin Garwa ba ya barin batir ya daɗe, sai ya jona nasa don kada wuta ta sauka ana tsakiyar aiki. Ya sa giya a P, ya murza makulli ba tare da ya tayar da inji ba, ya goge tsohon abin da kwamfutar ta riƙe. Sai ya fito ya tsaya a waje da allon a hannu, ya ɗaga yatsa ɗaya ya ce kada kowa ya taɓa motar. Ana cikin haka wani yaro mai sayar da ruwan sanyi ya zo ya jingina da bayan mota yana kallo. Aikin ya tsaya. Bai yi wa yaron tsawa ba, ya sayi ruwa ɗaya ya ce masa ya matsa can inuwa, ya sake daga farko. Muka yi tsit muna kallon fitilun gaban direba har suka gama ƙyaftawarsu.

Bayan wannan ya shiga ɓangaren sitiyarin kansa. Irin motocin nan ba su da famfon man sitiyari, ɗan injin lantarki ne ke taya ka murzawa, kuma akwai wata na'ura ta daban da ke jin ƙarfin da hannunka ya sa. Ita ma ya mayar da ita sifili, ba hannun kowa a kan sitiyari. Ya ce in wannan ta goce, za ka ji gefe ɗaya ya fi ɗaya sauƙin juyawa. Daga nan muka hau titi, ya ce in wuce 40 in riƙe ta sak na ɗan lokaci. Ina kallo lambar ta zauna a sifili, in na ɗan murza hagu ta motsa, in na saki ta dawo. Muka haye gadar Binuwai muka juyo, na shiga kwanoni da gangan, shiru. Ya ce jaka 15. Na ba shi, na ƙara wa yaronsa na shayi. A daren na kira mutum ya fi biyar ina ba su labarinsa.

To amma ga inda raina ya ɓaci, kuma ba zan ɓoye ba.

Sati biyu ba a cika ba, ina dawowa daga kasuwar Pitowa ranar Lahadi, na lura sitiyarin ya fara kwantawa gefe kuma. Kafin in shigo gari fitilar ta kama. Na wuce wajensa kai tsaye. Ya soka valiz, lamba ɗaya ce ta fito. Sai a lokacin ya ce a kai mota gareji na kusa a ɗaga ta. Aka ɗaga, aka kama tayar hagu aka girgiza, tana ƙwas-ƙwas a hannu. Sandar ciki ta wancan gefen ta mutu, ashe ramin Ngong ya taɓa ta ita ma. Duk faralelizim ɗin da aka yi a kan abu mai wasa aka yi shi.

Na ce masa, kai da ka zaunar da ni ka yi mini karatu a kan cewa gyaran a ƙasa yake, me ya hana ka ce a girgiza tayoyin tun ranar farko? Ya ce, "Baba, ni kwamfuta nake yi, ba na shiga ƙarƙashin mota. Aikin masu faralelizim ne su duba." Na san da gaskiya a maganarsa, su ma na je na faɗa musu abin da ke raina. Amma shi ne wanda ya fi kowa sanin abin da zai biyo baya. Ya san motar nan ta kusa kashe ni da mahaifiyata. Ya gwada iskar taya, ya auna batir, ya kori mai ruwan sanyi daga jikin mota, amma minti biyu na girgiza taya ya gagare shi? Da ban lura da sitiyarin ba, da a wannan satin zan koma Ngawundare, a kan gangaren nan dai.

Aka canja sandar, aka sake faralelizim, na sake biya. Na dawo wajensa muka koma gidan man nan, aikin bai kai minti goma ba wannan karon. Na sa rai zai ce a bar shi, ko ya karɓi rabi. Ya ce jaka 15. Na ce haba ɗana, ko ragi babu? Ya ce duk shekara biyan kuɗi yake a sabunta manhajar valiz ɗin, kuma duk sokawa kuɗinta ɗaya. Na ƙirga na ba shi, ban ƙara kalma ba. Ba kuɗin ne ya fi ci mini rai ba, yadda ko "yi haƙuri" bai ce ba. Kuma na roƙi ya rubuta mini lambar da ta fito da abin da ya yi a takarda, don in ajiye a mota saboda tafiya, ya ce in ɗauki hoton allon da waya. Na ɗauka, rana ta haske shi, ba a ganin komai.

Duk da haka, in wani ya tambaye ni yau inda zai kai motarsa mai sitiyarin lantarki, can zan tura shi, don ban ga wanda ya kama ƙafarsa a garin nan ba. Ya san aikinsa, ba ya ƙaƙaba maka kayan da ba ka bukata, kuma yana nuna maka allon ka gani da idonka. Sai dai zan ce wa mutum kada ya taka shagon sai ya fara sa an ɗaga motar, ya tsaya a kai da kansa an girgiza tayoyin gaba biyu, an duba sanduna ciki da waje, an yi faralelizim sitiyari na tsakiya. In an taɓa maka ƙafar mota ka ga sitiyari a karkace, kada ka yarda da "ba komai", kada kuma ka bari a cire fis don fitila ta mutu.

Wata guda ke nan yanzu. Na je Marwa na dawo sau biyu, ta Figil, da kaya cike a baya, fitila ba ta kama ba, sitiyari yana dawowa tsakiya da kansa bayan kwana, nauyinsa ɗaya hagu da dama. Gangaren Mbe na sauke shi sau ɗaya ni kaɗai, da giya ta biyu, ban ji komai ba. Na zo na faɗa wa Hajiya an gyara, har na nuna mata sitiyarin. Ta ce Allah ya tsare, amma in tafiyar Ngawundare ce ita motar haya za ta shiga.