Shagon tura fim da ya nemo min Jean Rouch a Birnin Kebbi

Jama'a akwai wani ɗan shago nan Birnin Kebbi inda ake cajin waya da tura fim a memori, wallahi yaron da ke wurin ya ban mamaki. Kowa in ya zo Indiya Hausa yake nema ko Kannywood, ni kuma na je da sunan wani Bafaranshe mai shirya fim a takarda, Jean Rouch. Bai taɓa jin sa ba amma ya ce "Yaya ba ni kwana biyu". Da na koma ya samo guda ukku, kuɗin data kawai ya ƙara min kan yadda yake tura wa kowa.

Abin da ya sa na damu da mutumin nan, kakana Basarke ne ɗan Yawuri. Shi Rouch an haife shi a Faris 1917, ya zo Nijar 1941 a matsayin injiniya, daga baya shi da abokansa biyu sunka bi kogin Kwara a kwalekwale tun daga mafarinsa har teku, 1946 zuwa 1947, kun ga ke nan ta ƙofar gidanmu sunka wuce. A tafiyar ne ya rasa ƙafar kyamara sai ya koma ɗauka a hannu, shi ya sa hoton ke rawa kamar kana cikin jirgin.

Na farautar dorina, Bataille sur le grand fleuve, shi na fara buɗewa a bakin shagon, ina ganin yadda Sarkawan ke tsaye a goshin jirgi da mashi a hannu sai idona ya cika, haka tsoho ke ba mu labari sak. Kuma da Rouch ya kai fim ɗin Ayoru, wani gari a bakin Kwara a Nijar, ya nuna wa Sarkawan, cewa sunka yi ya cire kiɗan da ya sa don kiɗa na ƙara wa dorina zuciya, kuma ya ji maganarsu! A Moi, un noir na 1958 ma barin Oumarou Ganda, ɗan Nijar ɗin da ya fito a fim ɗin, ya yi yana kallon hoton kansa a Abijan yana magana yadda ya ga dama, muryar nan ce ta zama labarin.

Inda shagon ya gaza, duk ba fassara, Faransanci ne zalla, dole na nemo wani abokina ɗan Kamba da ya yi boko a Gaya muna kallo yana faɗa min. Na ukkun kuma Jaguar ya tsaya a tsakiya, na koma ya sake turawa bai ƙara karɓar ko sisi ba. Sai benci ɗaya tak, da rana za ka sha tsayuwa.

Rouch ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a Fabrairun 2004, a Yamai anka rufe shi. Na bar wa yaron sunan wani fim ɗin Rouch, Cocorico Monsieur Poulet, ya ce in leƙo ranar Assabar da filas.